Akwatin Tagar Baba

Wudil, Jihar Kano,
15 ga Agusta, 1999.

Zuwa ga Yayana Garzali,

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina roƙon Allah ya sa takardar nan ta same ka cikin ƙoshin lafiya, kai da Anti Maimuna da Anas da 'yar autarku Sumayya, wadda har yau a hoto kawai muka san ta. Yaya aiki, yaya zaman Jamus? Allah ya ƙara rufa asiri, ya tsare ku a inda kuke. Mu nan mun gode Allah. Damina ta zauna sosai bana, gero ya fara fitar da kai, kogi kuma ya cika har ya shanye ƙasan lambun Baba. Goggo Dije ta Kausani ta samu sauƙin ƙafarta, har ta zo mana da kanta makon jiya. Talatu, matar Yaya Haladu, cikinta ya shiga wata bakwai, sai ku sa ta a addu'a.

Yaya, bari in fara da abin da zai kwantar maka da hankali kafin ka karanta sauran: Baba yana nan da ransa, kuma bai ji rauni ba. Na san Yaya Haladu ya je Kano ya buga maka waya, ya ce an kafa akwatin shukar da ka zano, komai lafiya. An kafa ɗin, wannan gaskiya ne, amma ba a gama lafiya ba. Na yi kwanaki ina juya maganar a raina, in rubuto ko in yi shiru, daga ƙarshe na ga kai ma ɗansa ne, bai kamata ka ji a bakin wani ba.

Ka san tun bayan Babbar Sallah da ɓarin jikinsa na dama ya shanye, magana ta ɗauke masa. Abin da ba a gaya maka ba shi ne yadda ya koma. Mutumin da ya yi shekara hamsin rana ba ta fito masa a gida ba sai a lambu, ya zama sai dai a kwantar a tayar. Ya juya fuska bango, abinci in ya yi loma uku ya ture. Ranar da takardarka ta zo da hoton tagarka da akwatin furanni a bakinta, na kai masa na karanta masa inda ka ce a yi masa irinsa, ya riƙa shuka da hannunsa na hagu daga kan gado. Ya karɓi hoton ya daɗe yana kallo, rannan kuma ya cinye tuwonsa tas. Saboda haka kada ka ɗauka shawararka ce ba ta da kyau. Ita ce abu na farko da ya motsa shi a wata uku.

A wurin awo aka samu matsala. Ka rubuta tsawo ƙafa biyar, faɗi ƙafa ɗaya da rabi, zurfi ƙafa ɗaya, ka ce daidai da faɗin tagar ɗakinsa. Na ɗauko tef ɗin ɗinkina na auna, tagar ƙafa uku ce ba inci biyu. Na sake aunawa har sau uku. Ban ga laifinka ba, shekara tara rabonka da ita. Muka kira Malam Maikano kafinta, na bakin kasuwa, wanda ya yi mana ƙofar zaure. Ya duba zanen, ya ƙwanƙwasa bangon da bayan yatsa, ya ce ginin ƙasa ne tun na kakanmu, simintin da muke gani yaɓe ne kawai a sama. Ya ce akwati mai girman nan in ya cika da ƙasa ya sha ruwa, zai yi nauyin buhun gero huɗu, kuma shi bai taɓa ganin an rataya buhu huɗu a jikin bangon ƙasa ba. Shawararsa ita ce a rage shi ya dawo daidai da tagar, a huda ƙasansa, a yi masa ƙafafu ya tsaya da kansa.

Yaya Haladu ya ƙi. Da farko cewa ya yi injiniya ne ya zana daga Jamus, mu da ba mu je ko'ina ba wa ya ba mu ikon gyara masa. Ka san yadda yake faɗin irin wannan, yana murmushi amma ba wasa yake ba. Da na matsa masa sai ainihin abin da ke ransa ya fito. Ya ce mutumin da lambunsa sai ka gaji kafin ka zagaye shi, ba za a miƙa masa abu kamar akushi a ce ga gonarka ba, gara a bari. Huda kuma ya ce ruwa zai riƙa tsiyaya yana jiƙa bango, a shimfiɗa kwanon rufi a ciki kamar yadda ka rubuta, tunda zanenka bai nuna huda ba. Ƙafafu ya ce za su tare wa Talatu wurin wanke-wanke. Malam Maikano ya dube ni, yana jiran in ce wani abu, ni kuwa na sunkuyar da kai. Tef ɗin yana hannuna, na san gaskiyar awon, amma na ji nauyin in yi jayayya da babban wa a gaban baƙo. Wannan shirun nawa ne, ban ɗora wa kowa ba.

Aka yi shi yadda ka zana. Mai walda ya lanƙwasa ƙarafa huɗu, aka huda bango aka cusa su, aka cike da siminti. Da yake akwatin ya fi tagar tsawo, biyu daga cikin ƙarafan suka faɗa daidai kusurwoyinta, inda ginin ya fi rauni. Murafen tagar da suke buɗewa waje, Malam Maikano ya juya su suka koma buɗewa ciki, don kada su riƙa bugun shuka. Yaya Haladu da kansa ya je lambun Baba da amalanke ya ɗebo ƙasa, ya gauraya da taki. Kafin Malam Maikano ya tafi ya ɗaga kai ya nuna mana indararon da ke saman tagar, ya ce a kawar da shi, don bakinsa cikin akwatin yake kallo. Yaya Haladu ya ce in an ci kasuwar Juma'a zai sa a gyara. Ranar Asabar ke nan. Baba ya miƙa hannu ta taga ya damƙi ƙasar ya shinshina, duk muka ji daɗi.

Ranar Talata aka yi ruwa, daga ranar Laraba kuma Baba ya canza. Ya riƙa dukan gado da hannu yana nuna wajen tagar, yana cewa “ba, ba, ba,” sauran kalmar ta ƙi fita. Duk muka ɗauka “ba na so” yake nufi. Talatu ta ce ko sanyi yake ji, ta ƙara masa bargo, ya yi jifa da shi. Ni na ce ko ganin ƙasar lambunsa ce ta tayar masa da hankali, na zauna ina ba shi haƙuri kamar ƙaramin yaro, shi kuwa yana kallona hawaye na bin gefen fuskarsa. Yaya Haladu ransa ya ɓaci, ya ce bayan duk wahalar nan abin da za a saka masa da shi ke nan. Kwana biyu Baba yana wannan, ya daina cin abinci, mu kuma muna ta ƙara masa magani.

Ranar Juma'a, yau kwana ashirin da uku, na tashi daga makaranta da wuri na wuce gidan. Bayan la'asar hadari ya haɗo daga gabas, ruwa ya sauko kamar da bakin ƙwarya. Maza duk suna kasuwa, Yaya Haladu yana kara wurin shanu, yara ma sun bi su kasuwar. Daga ni sai Talatu sai Baba. Na kai masa kunu, na ajiye kofin a gefen gado ina gyara masa matashi. Da na juyo zan ɗauka sai na ga ƙasa a saman kunun, ja, kamar an barbaɗa yaji. Na duba zaninsa, shi ma ƙasa. Baba ya kama hannuna da ƙarfin da ban san yana da shi ba, ya tura shi wajen murfin tagar da ke jingine da bango. Na janyo murfin. Yaya, bangon ya tsage tun daga kusurwar taga har ƙasa, wata tsagar kuma ta yi sama ta nufi azara, yatsana yana shiga ciki. Murfin ne ya rufe ta, duk wanda ke tsaye ba zai gani ba, sai wanda ke kwance a gadon. Bango yake ta son ya ce mana. Na leƙa waje, indararo yana ta zuba a akwatin, ya cika fal ruwa na malala ta baki, ya riga ya sunkuya gaba.

Na ƙwala wa Talatu kira. Na fita tsakar gida na yi ta kiran maƙwabta ta kan katanga, amma ƙarar ruwa ta shanye muryata, kuma ban yarda in bar shi in fita neman mutane ba. Ka san tsawon Baba da nauyinsa, ko Yaya Haladu sai ya yi nishi yake ɗaga shi. Muka shimfiɗa bargo a ƙasa, na rungumo kafaɗunsa, Talatu ta kama ƙafafu da cikinta a gaba, muka zamo da shi daga gado. Ni da shi muka zube tare, Allah ya sa kansa a jikina ya sauka. Muka kama bakin bargon muna ja, ƙasa tana zubo mana a ka, bangon yana wani ƙara ƙasa-ƙasa kamar ana taka busasshen kara. A dokin ƙofa muka maƙale. Mun ja, mun ja, ya ƙi wucewa. Talatu ta saki bargon ta dafe ƙugu ta durƙusa, ta ce, “Suwaiba, bayana, ba zan iya ba.” Ban san abin da na ce mata ba, na dai san ina kiran sunan Allah da ƙarfi. Baba ne ya miƙa hannunsa mai lafiya ya kama jikin ƙofar ya yunƙura, mu kuma muka fizga lokaci ɗaya, sai ga mu a waje cikin ruwa.

Ba mu kai rumfar girki ba muka ji rugugi. Akwatin ya faɗo tsakar gida, ya tafi da tagar da duk bangon da ke ƙarƙashinta. Wani ɓangaren ginin ya rufta ciki. Da ruwa ya tsagaita na leƙa, wani gungumen ƙasa da ni kaɗai ba zan iya juya shi ba yana kan katifar, daidai inda ƙirjinsa yake. Ƙarfen gadon ya lanƙwashe. Azara ce kawai Allah ya riƙe ba ta biyo baya ba. Muka shigar da Baba ɗakin Talatu muka canza masa kaya, jikinsa na ta rawa. Ita kuma da yamman nan ta ga jini kaɗan, mijina Malam Muttaka ya samo mota aka kai ta asibiti. Sun ce abin da ke cikin yana motsi, amma sun hana ta kowane aiki har ta haihu. Yanzu ni nake girkin gida biyu, hutun makaranta ne ya taimake ni.

Yaya Haladu ya dawo gab da magariba. Ya tsaya a tsakar gida yana kallon ramin da ke jikin ɗakin, ana hango gadon daga waje. Ya cire hularsa ya zauna a cikin taɓon nan da rigarsa ta Juma'a. Washegari ni da shi muka yi abin da ba mu taɓa yi ba. Na gaya masa taurin kansa ya kusa kashe mana uba da matarsa da abin da ke cikinta. Ya bari na gama, sannan ya ce mu 'yan boko biyu mun iya magana, ɗaya yana aiko zane daga inda ba a jin warin ɗakin majinyaci, ɗaya tana zuwa da la'asar ta tafi da magariba, shi ne mai ɗagawa, shi ne mai wanka, shi ne mai kai shi bayi, wata huɗu ba wanda ya tambaye shi ko ya gaji. Yaya, gaskiya ya faɗa, domin ban taɓa tambayarsa ba. Ban sani ba ko kai ka taɓa.

Daga nan Yaya Haladu ya daina shiga wurin Baba sai in yana barci ko in lalura ta kama, ya yi abin da zai yi ya fita ba tare da sun haɗa ido ba. Ya kawo magini, suka tayar da bangon da bulo, shi yake kwaɓa siminti da hannunsa, ya ƙi a ɗauko lebura. Da na ji abin da ya gaya maka a waya na tambaye shi dalili. Ya ce in ka ji, za ka ce zanenka ne ya jawo, kuma kana can kai kaɗai ba mai ba ka baki. Wataƙila kunya ce, wataƙila tausayinka ne, ni dai na ga kamar duka biyun ne.

Na ɗauka maganar akwati ta mutu ke nan, har na ɓoye hoton naka. Kwana tara da faruwar abin, bayan an mayar da Baba ɗakinsa, Malam Maikano ya zo duba shi. Yana durƙushe yana gaishe shi, Baba ya kama hannun rigarsa ya ƙi saki. Ya buɗe tafinsa na hagu a kan shimfiɗa ya fara awo da taƙi, irin yadda yake auna kunya a lambu: huɗu a tsawo, ɗaya a faɗi, sannan ya ɗaga hannu ya nuna zurfi, taƙi ɗaya da yatsu huɗu. Ya bubbuga ƙafar gado, Malam Maikano ya ce ya gane, ƙafafu. Sai ya riƙa caka yatsa a katifa, nan da nan da nan, bakinsa yana ta motsi, can muka ji ya ce, “Huda.” Ita ce kalma ta farko da ta fita sarai daga bakinsa tun Sallah. Malam Maikano ya ce gobe zai kawo, Baba ya girgiza kai, ya dubi ƙofa ya ce, “Ladu.” Na fita na sami Yaya Haladu a zaure na gaya masa. Ya tashi ya shiga. Ban bi shi ba, ban kuma san abin da ya wakana ba, na dai ga ya fito idonsa ja ya tambayi Malam Maikano katako nawa za a saya.

Sabon akwatin ƙafa uku ne ba inci biyu, bai wuce bakin taga ba ko da inci ɗaya. Yana tsaye a kan ƙafafun ƙarfe huɗu da aka ɗora a kan duwatsu, tsakaninsa da bango akwai tazarar tafin hannu, waya ce kawai ta ɗaure shi da ƙarfen taga saboda iska. Huda takwas aka yi masa, aka zuba tsakuwa a ƙasa kafin ƙasar shuka. Indararon an mayar da shi bayan ɗaki. Yaya Haladu ya juye masa bokiti biyu a gaban Baba, muka tsaya muna kallo har ruwan ya tsiyaye ta ƙasa. An yi ruwa huɗu tun daga nan bai motsa ba. Duk da haka da na ji hadari sai in je in janye murfin taga in shafa bango.

Abin da ya sa na kasa yin shiru shi ne maganar likita. Jinin Baba ya hau sosai bayan abin nan, kuma har yanzu bai sauka yadda ake so ba. Ya gaya mana a fili cewa ciwon yana iya dawowa, in ya dawo kuma ba lalle ya zo da sauƙi irin na farko ba, shi ba zai iya yanka mana lokaci ba. Yaya, ka sha rubuto mana cewa ranar da soja suka bar mulki za ka dawo. Sun bari tun watan Mayu. Mutanen nan da suka zo nemanka sau biyu bayan tafiyarka, shekaru ke nan ba wanda ya sake ganinsu, kuma waɗanda suka fita irin fitarka mun ji wasu sun fara dawowa. Ni ban san siyasa ba, ba zan rantse maka cewa komai ya gyaru ba, kai ka fi ni sanin abin da kake tsoro. Abin da na sani shi ne abin da na gani a ɗakin nan. Ina roƙonka kuma ka rubuto wa Yaya Haladu takarda tasa shi kaɗai, ba ta aike ba, ba ta umarni ba. Da zarar na kai wannan gidan waya zan gaya masa na rubuto maka, in zai yi faɗa ya yi.

Malam Muttaka yana gaishe ka da kyau. Talatu ta ce a gaida Anti Maimuna, ta kuma roƙi addu'arku. Goggo Dije tana sa muku albarka, Kawu Ya'u na Lajawa da iyalinsa suna gaisuwa, haka Malam Maikano. A shafa mini kan Anas da Sumayya.

Shi kuwa Baba, ga nasa saƙon. Ranar da za a yi shuka na kawo masa irin alayyahu, don na san sati uku ya isa a fara tsinka, ya ga amfanin hannunsa da wuri. Ya ture. Ya yi ta nuni har muka gane attaruhu yake so, Kawu Ya'u ya aiko da dashe guda huɗu, shi ya dasa su da kansa ta taga. Na ce masa, Baba, wannan ai sai ya yi wata uku kafin ya nuna. Ya gyaɗa kai, ya ɗaga mini yatsu uku. Sannan ya fara neman wata kalma, ya gwada ta ƙi, ya sake ta ƙi, har gumi ya keto masa. A na uku sunanka ya fita. Ya huta, ya ce, “Ya zo. Ya tsinka.”

Dashen ya kama, jiya na ƙirga sabon ganye shida.

Wassalam. Taka ƙanwa mai jiran amsarka,
Suwaiba.